Alain Resnais da Fina-finansa a Kan Zane da Sassaƙa: Tambayoyi da Amsoshi

Masu bin tarihin silima sun fi sanin Alain Resnais da dogayen fina-finan da ya yi daga 1959 zuwa rasuwarsa, amma kafin nan ya shafe fiye da shekara goma yana yin gajerun fina-finan gaskiya, waɗanda ake kira dokumentari, kuma da yawa daga cikinsu a kan masu zane da ayyukan hannunsu ya yi su. Wannan shafi ya fi mai da hankali ga waɗannan shekaru na farko, domin a cikinsu ne ya koyi abin da ya riƙe har ƙarshen rayuwarsa.

Wane ne Alain Resnais?

Daraktan fim ne Bafaranshe, kuma ana furta sunansa kamar a ce Alan Rene. An haife shi ranar 3 ga Yuni 1922 a garin Vannes da ke yankin Biritani a yammacin Faransa, ya kuma rasu ranar 1 ga Maris 2014 yana da shekara 91. Mahaifinsa mai kantin magani ne, shi kuwa ɗa tilo ne a gidansu. Ciwon asma ya addabe shi tun yana ƙarami, abin da ya sa ya yi zaman gida da yawa yana karatu, daga manyan littattafan adabi har zuwa mujallun labarai masu zanen barkwanci, waɗanda bai daina ƙaunarsu ba har ya tsufa.

Ta yaya ya shiga harkar fim?

Yana ɗan shekara 12 iyayensa suka ba shi ƙaramar kyamara mai ɗaukar fim na milimita 8, ya fara gwada hannu da yaran unguwa. Da ya je Paris, burinsa na farko shi ne wasan kwaikwayo, har ya yi karatunsa a makarantar René Simon. A 1943 ya shiga sabuwar makarantar koyon aikin fim ta IDHEC, inda ya zaɓi fannin yankawa da harhaɗa hoto, ko da yake bai kammala ba. Wannan zaɓi shi ne mabuɗin fahimtar aikinsa gaba ɗaya. Mai harhaɗa fim mutum ne da ke zaune a ɗaki da almakashi da guntayen hotuna, yana neman wanne zai bi wanne, da daƙiƙa nawa kowanne zai tsaya a gaban ido, kuma da wannan tunani Resnais ya tunkari zane-zane. Ko bayan ya yi suna bai raina wannan sana'a ba, domin shi ne ya harhaɗa fim ɗin Agnès Varda na farko, La Pointe Courte, wanda ya fito a 1955.

Bayan Yaƙin Duniya na Biyu, a wajajen 1947, ya ɗauki kyamara mai milimita 16 yana bin masu zane gida-gida a Paris, yana ɗaukar su a ɗakunan aikinsu. Cikinsu akwai Hans Hartung da Félix Labisse da Lucien Coutaud da Oscar Domínguez da Henri Goetz. Ƙananan ayyuka ne da aka yi da kuɗi kaɗan, amma su ne suka sa aka san da shi, har aka kira shi ya yi fim a kan mai zane Van Gogh.

Mene ne wahalar yin fim a kan zane? Ba ɗaukar hotonsa kawai za a yi ba?

Wahalar ita ce zane ba ya motsi, fim kuwa da motsi da lokaci yake rayuwa. Wanda ya tsaya a gaban zane a gidan adana kayan tarihi shi ke da ikon idonsa: ya dubi sama, ya dubi ƙasa, ya matsa kusa, ya ja da baya, ya wuce idan ya gaji. A ɗakin silima kuwa darakta ne ke riƙe da idon mai kallo, shi zai ce masa dubi wannan hannu, yanzu dubi waccan fuska. Idan ya kafa kyamara wuri ɗaya ya nuna zanen dungurungum, mai kallo zai yi gyangyaɗi. Idan kuma ya yanyanka zanen gunduwa-gunduwa, za a ce ya ɓata tsarin da mai zanen ya sha wahala kafin ya daidaita shi. Kowane mai yin irin wannan fim sai ya zaɓi laifin da zai ɗauka daga cikin biyun. Luciano Emmer na Italiya ya riga Resnais gwada hanya ta biyu da zane-zanen bango na Giotto, amma a hannun Resnais ne hanyar ta nuna iyakar abin da za ta iya.

Me ya sa ake yawan ambaton fim ɗinsa na Van Gogh?

Fim ɗin ya fito a 1948, tsawonsa bai kai minti ashirin da biyar ba. An fara yin sa a milimita 16, sannan furodusa Pierre Braunberger ya sa aka sake ɗaukar sa a milimita 35 domin ya shiga gidajen silima. Gaston Diehl da Robert Hessens ne abokan aikinsa wajen tsara shi, ɗan wasa Claude Dauphin kuma ya karanta bayanin.

Abin da Resnais ya yi shi ne ya ba da labarin rayuwar Vincent van Gogh, mai zanen nan ɗan ƙasar Holan da ya rayu daga 1853 zuwa 1890, ba tare da ya nuna komai ba sai zane-zanensa. Babu ɗan wasan da ya shiga rigarsa, babu hoton garin da ya zauna, kuma ba a ganin firam ɗin katako da ke kewaye zanen ko bangon da aka rataye shi. Kyamara tana shiga cikin zanen kamar yadda mutum ke shiga gari, ta bi hanya, ta tsaya a kan fuskar manomi, ta juya ta dubi abin da manomin yake duba, alhali abin da yake dubawar daga wani zane dabam aka ɗauko shi. A haka mai kallo yake tafiya daga ƙauyukan Holan masu duhu zuwa Paris, daga nan zuwa hasken rana na Arles, zuwa asibitin masu taɓin hankali na Saint-Rémy, zuwa gonakin alkama na Auvers inda rayuwar mutumin ta ƙare.

Akwai wuri guda da ya kamata a tsaya a kalla sau biyu. Kyamara tana nuna gidan da Van Gogh ya zauna a Arles daga waje, tana matsawa a hankali zuwa taga, sai kawai a ga an shiga ɗakin kwana, ga gado, ga kujeru, ga hotuna a bango. Zane biyu ne mabambanta, na waje da na ciki, amma yankan da aka yi a daidai bakin tagar ya mai da su gida ɗaya, kuma mai kallo yana ji a jikinsa cewa ya leƙa ɗakin wani. Wannan aikin mai harhaɗa hoto ne tsantsa, kuma a ganina duk wanda ya fahimci wannan yanka guda ya fahimci rabin fasahar Resnais.

Fim ɗin ya sami lambar yabo a bikin fina-finai na Venis a 1948, sannan ya ci kyautar Oscar ta gajeren fim a 1950, ko da yake sunayen Diehl da Hessens ne aka rubuta a kan kyautar a matsayin masu shirya shi.

Van Gogh ya shahara da kala, to me ya sa fim ɗin fari da baƙi ne?

Tsadar fim mai kala a Faransa ta bayan yaƙi tana cikin dalilan, amma rashin kalar ya yi wa aikin amfani. Da aka cire rawaya da shuɗi, sai layukan burushi suka fito fili, mutum yana ganin yadda hannun ya yi ta murɗawa da karkacewa yayin da hankalin mai shi ke ƙara dagulewa, kuma zane-zanen shekaru daban-daban suka haɗu suka zama duniya guda. Duk da haka, masu zane da masana zane da dama sun ƙi irin wannan fim, suna cewa cin amanar zane ne a raba shi da kalarsa da girmansa da iyakokinsa. Mai sharhin fim André Bazin ya kare hanyar, yana mai cewa firam ɗin zane yana tattara ido ne zuwa ciki, allon silima kuwa yana sa mutum ya ɗauka cewa duniyar da yake gani ta ci gaba bayan gefen allon, don haka fim ɗin sabon aiki ne da ya tsiro daga zanen, kuma da ma'aunin fim ya kamata a auna shi. Ƙorafin masu zanen yana da tushe, domin wanda ya kalli fim ɗin kawai bai ga Van Gogh ba tukuna, amma mutane da yawa da ba su taɓa taka ƙofar gidan zane ba ta wannan hanya suka fara jin sunansa.

Guernica fa?

A 1950 ya fitar da gajerun fina-finai biyu, ɗaya a kan mai zane Gauguin, fim ɗin da bai kai na Van Gogh ƙarfi ba, ɗaya kuma a kan Guernica, wanda ya yi tare da Hessens. Guernica ƙaramin gari ne a yankin Basque na Sifaniya, wanda jiragen yaƙin Jamus da na Italiya masu goyon bayan Janar Franco suka yi wa ruwan bama-bamai ranar 26 ga Afrilu 1937, ranar da kasuwar garin take ci. A wannan shekara Pablo Picasso ya yi babban zanensa mai sunan garin, wanda faɗinsa ya kusa mita 8. Resnais bai tsaya ga wannan zane kaɗai ba. Ya ɗauko mutanen da Picasso ya zana tun farkon ƙarni, matalauta da iyaye mata da 'yan wasan titi, ya jera fuskokinsu har mai kallo ya saba da su kamar mazauna garin, sannan ya saki ƙarar jirage da harbi a kansu, hotuna suna walƙiya suna ɓacewa. Mawaƙi Paul Éluard ne ya rubuta kalmomin, 'yar wasa Maria Casarès, wadda ita kanta 'yar gudun hijirar Sifaniya ce, tana cikin masu karantawa. A cikin wannan aiki mai minti goma sha uku ne fim a kan zane ya koma fim a kan kisan bayin Allah, kuma daga nan Resnais bai sake raba fasaha da abin da aka yi wa mutane ba.

Wane fim ya yi a kan sassaƙar Afirka?

Sunansa Les statues meurent aussi, ma'ana gumaka ma suna mutuwa. Ya yi shi tare da marubuci kuma ɗan fim Chris Marker, wanda ya rubuta bayanin, da mai ɗaukar hoto Ghislain Cloquet. Mujallar Présence Africaine, wadda Alioune Diop ɗan Senegal ya kafa a Paris a 1947, ita ce ta ba da aikin. An fara shi a 1950, aka gama a 1953, tsawonsa kimanin minti talatin.

Tambayar da ta haifi fim ɗin mai sauƙi ce: me ya sa ake ajiye sassaƙar Girka da ta Masar a gidan Louvre, inda ake ajiye abin da ake girmamawa a matsayin fasaha, amma ta baƙar fatar Afirka ake kai ta Musée de l'Homme, gidan nazarin jinsunan mutane da al'adunsu? Don amsa ta suka ɗauki kayan da ke gidajen tarihi na Paris da Landan da Beljiyam da na hannun masu tarawa. Cloquet ya haska fuskokin katako da kawunan tagulla a cikin duhu, kyamara tana zagaya su a hankali har sai itacen ya yi kamar zai yi numfashi. A farkon fim ɗin akwai inda aka juya al'amarin: kyamara ta koma cikin akwatin gilashi, inda ake ajiye sassaƙar, tana kallon fuskokin 'yan kallo suna leƙowa ɗaya bayan ɗaya, wasu da mamaki, wasu da murmushi, har wata baƙar mace ta zo ta tsaya tana duban abin da kakanninta suka yi ta bayan gilashi.

Hujjar fim ɗin ita ce abin da aka sassaƙa yana da rai ne muddin yana cikin mutanen da suka san amfaninsa, a wurin biki ko fada ko jana'iza ko gona. Ranar da aka cire shi daga can aka manna masa lamba a akwati, ranar ya mutu, ko da kuwa ba a taɓa ganin kyansa kamar a lokacin ba. Kashi na ƙarshe ya fi zafi: ya nuna yadda mulkin mallaka ya mai da masassaƙi mai yi wa baƙi tsaraba da sauri don kuɗi, ya nuna baƙar fata yana aikin ƙarfi a ƙarƙashin Bature, yana dambe da wasanni don nishaɗin farar fata, yana kuma shan kulki.

Mai karatu Musulmi zai iya cewa, mene ne ruwanmu da gumaka?

Tambaya ce da ta dace, kuma ba sai mutum ya yarda da abin da aka bauta wa ba kafin ya fahimci maganar. Da yawa daga cikin kayan nan ba na bauta ba ne. Farantan tagulla na masarautar Benin da ke kudancin Najeriya, waɗanda sojojin Ingila suka kwashe a 1897, tarihin sarakuna ne da yaƙe-yaƙe da tsarin fada, kamar yadda littafi ke ajiye tarihi a inda ake rubutu. Wasu kuma kujeru ne da ƙofofi da kayan saƙa da na amfanin yau da kullum. Maganar da fim ɗin ya tayar ita ce ta wanda ya ɗauke kayan wani, ya ajiye a gidansa, sannan ya zama shi ke faɗa wa duniya ma'anarsu da darajarsu.

Me ya sa gwamnatin Faransa ta hana nuna shi?

Hukumar tace fina-finai ta ƙi ba shi izinin fita saboda sukar mulkin mallaka da ke kashinsa na ƙarshe. A lokacin Faransa tana yaƙi a Indocina, yaƙin Aljeriya kuma yana gab da ɓarkewa a Nuwamba 1954, kuma tana riƙe da ƙasashe da yawa a Afirka, har da Nijar. Tun 1934 akwai dokar da ake kira ta Laval, wadda ta hana ɗaukar fim a waɗannan ƙasashe sai da izinin hukuma, kuma da ita aka hukunta René Vautier saboda fim ɗinsa Afrique 50. Duk da hanin, fim ɗin Resnais da Marker ya ci kyautar Jean Vigo a 1954. Daga baya an bar guntun kwafi ya fita babu kashin ƙarshe, cikakkensa kuwa sai a shekarun 1960 jama'a suka gan shi, bayan yawancin ƙasashen da yake magana a kansu sun sami 'yancin kai.

Shin fim ɗin ba shi da aibi?

Yana da shi. Yana magana a kan Afirka kamar gari ɗaya ce mai al'ada ɗaya, kuma mafi yawan kayan da ya nuna bai faɗi daga wace al'umma suka fito ba, balle wanda ya sassaƙa su. Muryar da ke bayani ta Bature ce daga farko har ƙarshe, ba a ji bakin masu kayan ba. Haka kuma, hasken da Cloquet ya yi amfani da shi ya ƙara wa kayan irin kyan nan na akwatin gilashi da fim ɗin yake kuka da shi. Amma idan aka tuna cewa a 1953 aka gama shi, lokacin da faɗin irin wannan magana yake jawo wa mutum hani da asarar kuɗi, to aibin bai rage masa nauyi ba a wurina.

An taɓa amsa tambayar da fim ɗin ya yi?

An amsa rabinta. A shekara ta 2000 Louvre ya buɗe wani sashe na sassaƙar Afirka da Asiya da Oshiyaniya da nahiyar Amurka, a 2006 kuma aka buɗe gidan tarihi na Quai Branly a Paris. Sai dai buɗe sashen na Louvre ya zo da rigima da ta shafi Najeriya kai tsaye, domin cikin kayan da Faransa ta saya akwai sassaƙar yumɓu irin ta Nok, al'adar da aka sa wa sunan wani ƙauye a kudancin Jihar Kaduna, da irin wadda ake dangantawa da Sakkwato, alhali doka ta hana fitar da su daga ƙasar. A ƙarshe Faransa ta amince cewa mallakar Najeriya ce, aka bar su a hannunta a matsayin aro na shekara 25. Rabin da ya rage shi ne na mayarwa. A Nuwamba 2021 Faransa ta mayar wa Jamhuriyar Benin kaya 26 da aka kwashe daga fadar Abomey, a Disamba 2022 kuma Jamus ta miƙa wa Najeriya kashin farko na tagullar Benin. Abin da ke hannun gidajen tarihin Turai ya ninka wannan nesa ba kusa ba.

Waɗanne gajerun fina-finai ya yi bayan wannan?

Mafi girma shi ne Nuit et brouillard, wato dare da hazo, wanda ya yi a 1955 a kan sansanonin da 'yan Nazi suka hallaka miliyoyin mutane. Jean Cayrol, wanda shi kansa ya tsira daga ɗaya daga cikin sansanonin, shi ya rubuta kalmomin, Hanns Eisler ya yi kiɗan. Resnais ya haɗa tsofaffin hotuna fari da baƙi da sababbi masu kala na sansanin Auschwitz bayan ciyawa ta tsiro a kansa. Nan ma masu tacewa sun sa hannu: sun tilasta a rufe hular wani jandarman Faransa da ke gadin wani sansanin tsare mutane a Faransa a wani hoto, domin kada a ga hannun Faransa a cikin aika-aikar. A 1956 ya yi Toute la mémoire du monde a kan babban ɗakin karatu na ƙasa da ke Paris, inda ya bi littafi guda daga shigowarsa har zuwa kantar da za a ajiye shi. A 1958 ya yi Le Chant du styrène a kan yadda ake yin roba a masana'anta, marubuci Raymond Queneau ya rubuta bayanin a cikin baitocin waƙa.

Me ya sa ya bar fim ɗin gaskiya ya koma na labari?

An nemi ya yi fim ɗin gaskiya a kan bam ɗin nukiliya, ya ga cewa zai maimaita abin da ya riga ya yi ne, sai ya nemi marubuciya Marguerite Duras ta rubuta masa labari. Abin da ya fito shi ne Hiroshima mon amour a 1959. Bayansa L'Année dernière à Marienbad ya ci babbar kyautar Venis a 1961, Muriel kuma na 1963 ya taɓo azabtarwar da sojojin Faransa suka yi a Aljeriya. Wanda ya kalli gajerun fina-finan zai gane hannu ɗaya ne: kyamara mai tafiya a hankali a cikin dogon zaure, murya mai magana a kan hoto, da damuwa da yadda mutane ke tunawa da yadda suke mantawa. Haka kuma bai bar ɗabi'arsa ta ba marubuci na gaske alƙalami ba, kamar yadda ya yi da Éluard da Marker da Cayrol. Ya ci gaba da aiki har fim ɗinsa na ƙarshe, Aimer, boire et chanter, wanda ya sami kyauta a bikin Berlin a Fabrairu 2014, makonni kaɗan kafin rasuwarsa.

Da wanne ya kamata mutum ya fara?

Ya fara da Van Gogh domin ya ga yadda ake shiga cikin zane, ya bi da Guernica, sannan ya zauna da natsuwa ya kalli Les statues meurent aussi, ya tabbatar cikakken kwafi ne mai kusan minti talatin, domin idan babu kashin ƙarshe an cire masa haƙora. Ukun gaba ɗaya ba su wuce awa ɗaya da 'yan mintuna ba. Da Faransanci ake bayani a cikinsu, don haka masu karatu a Nijar da Kamaru da Chadi za su bi kalmomin kai tsaye, sauran kuma su nemi kwafi mai fassara a ƙasan allo. Nuit et brouillard yana ɗauke da hotunan gawawwaki masu tayar da hankali, bai kamata a kalle shi tare da yara ba.